Ƙananan sanwici na shayin la'asar: yaya ake yi kada su jiƙe, kada su bushe?

Amaryar Garin Malam

Assalamu alaikum iyayena da yayyena na wannan zaure. Shawara nake nema. Ranar Asabar mai zuwa dangin maigida mata za su kawo mini ziyara, mutum 10, bayan sallar la'asar, su tashi kafin magariba. Ba na son in ɗora tukunya mai nauyi tunda kowa zai ci abincin rana a gidansa. So nake in ba su shayi da ƙananan sanwici ɗin nan dogaye sirara, waɗanda ake yanke wa ɓawo, mutum ya ɗauka da yatsu biyu ya cinye a loma biyu ko uku, irin na shayin yamma na mutanen Ingila.

Ga inda kaina ya ɗaure. Wane burodi ya dace, kuma guda nawa zan saya? Me zan zuba a ciki wanda zan samu a kasuwar Dole ta nan Damagaram ko a butik, ba sai na aika Yamai ba? Tun yaushe zan haɗa su, tunda ba na son baƙi su zo su tarar da ni da wuƙa a hannu? Ga shi muna tsakiyar bazara, kuran kuma, wato wutar lantarki, kun san halinsa da rana. Sannan yaya ake yanka su fito sumul, burodi bai lotse ba, abin ciki bai fito ta gefe ba? Don Allah a ba ni da awo, kada a ce mini "ki zuba daidai misali".

Hajiya Mai Girkin Biki

Wa alaikumus salam, amarya. Allah ya kawo baƙi lafiya. Abu biyu ke ɓata wannan sanwici: ruwa daga ciki da iska daga waje. Abin da kika zuba yana fitar da ruwa ya jiƙa burodi, iskar Damagaram kuma ta busar da saman ya ƙandare, gefunan su lanƙwashe sama. Duk dabarar da zan gaya miki maganin ɗaya daga cikin biyun nan ce.

Lissafi tukuna. Yanka biyu na burodi su ne sanwici ɗaya, in an cire ɓawo yana ba da guda 3, kowanne faɗinsa kamar santimita 3, tsawonsa 7 zuwa 8. A otel-otel ana ba mutum kamar guda 4, amma can akwai kek da wasu abubuwa a bayansa. Ke ki ƙirga 6 ga kowace baƙuwa, don dangin miji ne, kada a fita ana cewa amarya ta yi rowa. Mutum 10 ke nan guda 60, sanwici 20, yanka 40. Ki ƙirga yankan da ke cikin ledar da za ki saya, ki cire na kai da na gindi, waɗannan ba sa shiga lissafi. Idan leda tana da yanka 20, biyu ba za su ishe ki ba, sayi uku.

Burodin kuwa, na yanka mai kusurwa huɗu, wanda masu gidan burodi ke kira pandami. Cikinsa a haɗe yake, ba ramuka. Ki saye shi ranar Juma'a, ba ranar Asabar ba. Burodin da ya fito daga tanda yau yana da danshi, wuƙa na taɓa shi sai ya dunƙule ya koma ƙullu. Wanda ya kwana a ɗaure cikin ledarsa ya fi tsayawa. A ɗaki za ki bar shi ya kwana, wuri mai inuwa, ba a firigo ba, domin sanyin firigo yana sa burodi ya tsufa da wuri, ya yi gari-gari a baki. In kin samu wanda ba a yanka ba, ya ma fi: sa shi a firiza minti 20 zuwa 30 ya ɗan yi ƙarfi, ki yanka da kanki, kauri kada ya wuce santimita ɗaya. In kin samu fari da mai ruwan ƙasa, haɗa su, faranti ya fi kyan gani, kuma baƙi sun fi gane wanne ne na kifi wanne ne na ƙwai.

Sai bota, kuma a nan mutane da yawa ke kuskure. Ba don ɗanɗano kawai ake shafa ta ba. Maiƙo ba ya barin ruwa ya ratsa, saboda haka ita ce ke tsare burodi daga jiƙewa. Ki shafa wa yanka biyun duka, na sama da na ƙasa, siriri amma har bakin ɓawo, kada ki bar ko kusurwa ɗaya. Inda kika tsallake, nan ruwa zai shiga. Kowane yanka yana cin kamar giram 5, wato ƙaramin cokali ɗaya, yanka 40 giram 200 ke nan. Dunƙule mai giram 250 ya wadatar. Dole ta yi laushi kafin ki shafa, in ba haka ba ta yaga burodi. Amma bota tana narkewa tun zafi bai kai digiri 35 ba, mu kuwa yanzu muna haura 40, don haka minti 10 a waje ya ishe ta. In ta narke ta zama mai, burodi shanye ta zai yi, amfaninta ya tafi; mayar da ita firigo ta sake kamawa. In ba ki samu bota ta gaske ba, Blue Band ko wani majarin zai yi aikin, ya ma fi jure zafi, sai dai bai kai ta daɗi ba. Man shanunmu na gida kada ki sa, ƙamshinsa zai danne komai, kuma soyayye ba ya shafuwa.

Yanzu yanka. Kada ki cire ɓawo tun farko. Shafa bota, zuba haɗi har gefe, kauri kamar rabin santimita, rufe, danna kaɗan da tafin hannu. Jera su biyu-biyu ko uku-uku, naɗe da ledar naɗe abinci, sa a firigo minti 30. Botar za ta kama, haɗin ya tsaya wuri ɗaya. Sannan ki fito da su ki yanke ɓawo gefe huɗu, ki raba uku. In kika cire ɓawo kafin ki zuba haɗi, gefunan za su zama fanko, kuma yankan sama da na ƙasa ba za su daidaita ba.

Wuƙa mai haƙora doguwa ce wuƙar wannan aiki. Ja ta gaba da baya kamar mai zarto, ki bar nauyinta ya yi aikin, kada ki danna. Dannawa ce ke lotsa burodi ta matso haɗi waje. Ajiye tsumma mai tsabta a gefe, duk yanka ɗaya ki goge wuƙar, in ba haka ba gwaiduwar ƙwai za ta ɓata farin gefen na gaba. In wuƙar gida kawai kike da ita, a wasa ta sosai, kuma ki riƙa yanka ɗaya-ɗaya.

Ɓawon kada ya tafi shara. Busar da shi a kasko ko a rana, daka, zuba a kwalba, garin burodi ke nan na soya kaza ko kifi.

Malam Kuku na Sabon Gari

Hajiya ta gama da burodi, ba abin ƙari. Ƙanwata, ni zan yi miki maganar abin ciki. Kala huɗu sun isa, kowace kala sanwici 5, wato guda 15. Kada ki wuce huɗu, wahala ce kawai. A teburin Ingila abin da aka saba gani shi ne kokwamba, ƙwai da mayonez, kifin salmon mai hayaƙi da cuku mai laushi, kaza, da kuma naman alade da mutardi. Na ƙarshen ba namu ba ne, salmon kuma ba abin da za ki wahalar da kanki nema ba ne a nan. Saura uku duk kina iya yi, sardin ya maye gurbin salmon.

Kokwamba ita ce mafi sauƙin kaya, ita ce kuma ta fi ba da kunya, domin kusan dukkanta ruwa ce, sama da kashi 95 cikin 100. Ɗauki matsakaita guda 2, masu ƙarfi, waɗanda ba su tsufa sun yi manyan ƴaƴa ba. Ɗanɗana ƙarshen kowace, ta bazara takan yi ɗaci ta wajen gindi. In da ɗaci yanke wurin sosai. Wanke, feraye, yanka siriri ƙwarai, kamar milimita 2, yadda haske zai ratsa. Zuba a kwandon tsane shinkafa, barbaɗa gishiri rabin ƙaramin cokali, juya, bar shi minti 20. Za ki ga ruwa ya taru a ƙasa. Wannan ruwan da cikin burodinki zai ƙare. Shimfiɗa su kan tsumma mai tsabta, rufe da wani, danna su bushe. Sai ki jera kan burodin da ya sha bota, kowace ta ɗan hau kan ƴar'uwarta, layi biyu, ba tuli ba. Masoro kaɗan, ganyen na'ana'a yankakke ƙanana, ɗigon lemun tsami ko binega ƴan kaɗan a kan kokwambar kafin ki jera. Kada ki ƙara gishiri, wanda ta sha ya isa. Mayonez ba ya shiga nan.

Ƙwai guda 6. Sa su a ruwan da ya riga ya tafasa, minti 10, kwashe ki jefa a ruwan sanyi nan take. In suka wuce lokaci, ko aka bar su a ruwan zafi, gefen gwaiduwa yakan yi kore-kore da wari, sinadarin ƙarfe na gwaiduwa ne ke haɗuwa da sulfa na farin ƙwai. Ba ya cutarwa amma ba ya kyan gani. Bari su huce sarai kafin ki haɗa, domin ƙwai mai ɗumi yana tsinka mayonez. Murƙushe da cokali mai yatsu har ya yi ƙanana. Manyan gutsattsari su ne ke faɗowa wajen yanka. Mayonez babban cokali 3, mutardi rabin ƙaramin cokali, lawashi ɗan kaɗan yankakke siriri, gishiri, masoro. Gwajinsa: ɗebo a cokali ki karkata shi, in ya zame ya faɗi nan da nan, ya yi ruwa, ƙara dafaffen ƙwai ɗaya. In damina ce kika samu ƙwan zabi, guda 9 a maimakon 6, gwaiduwarsa ta fi maiƙo, sai ki rage mayonez kaɗan.

Kaza. Akwai haɗin da aka ƙirƙira a Landan a 1953 don walimar naɗin Sarauniya Elizabeth ta biyu: kaza mai sanyi cikin miyar mayonez da kori da ɗan zaƙin ƴaƴan itace. Shi ne ya fi dacewa da bakinmu, kuma shi zai fara ƙarewa a faranti. Tsokar ƙirji giram 400 ɗanya, za ta koma kusan 300 in ta dahu. Dafa da albasa, citta, gishiri da dunƙulen magi ɗaya, wuta kaɗan, kamar minti 20, har tsakiyarta ta yi fari ba alamar ja. In kazar gida ce ta fi haka daɗewa. Bar ta ta ɗan huce cikin romonta don kada ta bushe, sannan yanka ƙanana da wuƙa. Kada ki yayyage ta zare-zare, mai ci zai ciza ya jawo duk abin ciki waje. Kori ƙaramin cokali ɗaya, soya shi minti ɗaya cikin mai babban cokali ɗaya. Ɗanyen kori yana da gafi. In ya huce haɗa da mayonez babban cokali 3, kindirmo mai kauri babban cokali 2, dabino mai laushi guda 3 yankakku ƙanana, ruwan rabin lemun tsami. In kindirmon yana da ruwa, tace shi a tsumma tukuna.

Sardin gwangwani 2 masu giram 125. Tsiyaye man tas, buɗe kowane kifi ki zare ƙashin tsakiya. Murƙushe da cukun nan mai kusurwa uku, La Vache qui rit ko makamancinsa, guda 4. Shi zai riƙe kifin, ba sai da mayonez ba. Ruwan rabin lemun tsami, yaji kan cokali. Albasa rubu'in ƙarama, yankakkiya ƙanana ƙwarai, ki jiƙa ta a ruwan sanyi minti 10 ki matse, domin jar albasarmu irin ta Galmi tana da ƙarfi, in ta zauna awa biyu cikin haɗi ita kaɗai za a ji. Wannan shi za ki yanka a ƙarshe, kuma farantinsa dabam, ƙarnin kifi yana kama na kusa da shi.

Tumatir ki bar shi. Ruwansa ya fi na kokwamba wuyar sha'ani. Salati ma haka, yana yaushi cikin minti kaɗan, kuma yana sa yankan sama ya zame.

Amaryar Garin Malam

Na gode Hajiya, na gode Yaya, Allah ya saka da alheri. Na rubuta duka. Tambaya biyu suka rage. Zan iya haɗa komai tun da safe in rufe da jiƙaƙƙen tsumma in ajiye a ɗaki, kamar yadda na ji ana yi? Sannan in ban samu pandami ba, baget ko burodin nan mai zaƙi na masu shayi zai yi?

Tanti Ma'aikaciyar Lafiya

Ƴata, a ɗaki kam a'a. Jiƙaƙƙen tsumma maganin bushewa ne, ba maganin lalacewa ba. Masu ba da wannan shawara a ƙasar sanyi suke. Ƙwayoyin cuta suna yaɗuwa a abinci tsakanin digiri 5 da 60, kuma sun fi sauri a wajen zafin jikin mutum, wato daidai zafin ɗakunanmu a wannan wata. Ƙa'idar da ake bi ita ce abinci irin ƙwai, kaza da kifi kada ya wuce awa 2 a waje, in kuma zafi ya haura digiri 32, awa ɗaya. Abin da ya fi muni, sanwicin da ya lalace ta wannan hanya ba lallai ya yi wari ko ya canza ɗanɗano ba. Akwai ƙwayar da ke zaune a fata da hancin mutum, in ta shiga haɗi ta hannu ta samu ɗumi sai ta saki guba, cikin ƴan awoyi mutum ya kama amai. Sanwici kuwa abinci ne da ake ta taɓawa da hannu kuma ba a sake dafa shi. Wanke hannu da sabulu kafin farawa da bayan ɓare ƙwai, in da ciwo ko yanka a yatsa a rufe shi, katakon da ɗanyar kaza ta hau kada burodi ya hau shi sai an wanke da ruwan zafi da sabulu.

Mayonez na kwalba za ki yi amfani da shi. Na gida da ɗanyen ƙwai ake kaɗa shi, akwai haɗarin ƙwayar cutar salmonela, musamman ga mai ciki, tsofaffi da yara, kuma cikin mata 10 da wuya a rasa ɗaya daga cikinsu. Na kwalba yana da tsami da ke tsare shi, amma da zarar an haɗa shi da ƙwai ko kaza tsamin ya ragu, haɗin ya zama mai saurin lalacewa.

A nan zan ɗan saɓa wa Malam Kuku: kazar kada ta daɗe tana hucewa a romo. Minti 20 zuwa 30, a tsame, a baza a faranti, a sa firigo. Tukunyar romo mai ɗumi a kicin ɗin bazara tana iya yin awa uku ba ta huce ba.

Ga yadda za ki tsara ranar. Ranar Juma'a da dare ko sassafen Asabar ki dafa kaza da ƙwai, ki haɗa su, kowanne a robarsa mai murfi, cikin firigo. Sardin bayan azahar. Kokwamba ita ce ta ƙarshe, kada ta wuce awa ɗaya a cikin burodi kafin a ci. Wajen ƙarfe 2 da rabi ki fara shafa bota da zubawa, ki naɗe su da ɓawonsu ki sa firigo. Ɓawon nan yana tsare cikin daga bushewa, don haka kada ki yanka sai ƙarfe 3 da rabi. In kin yanka, jera su a roba a manne da juna, yankakken gefe na taɓa yankakken gefe, shimfiɗa busasshiyar takardar kicin a kai, sannan tsumma mai tsabta da kika jiƙa da ruwan sha kika matse har ba ya ɗiga, sannan murfi, a mayar firigo. In tsumman ya taɓa burodi kai tsaye saman zai yi damshi ya yi yauƙi.

Kada ki fito da 60 ɗin gaba ɗaya. Rabi tukuna, in faranti ya kusa ƙarewa ki kawo saura. Kuma kada faranti ya zauna a ƙarƙashin fanka, minti 10 sun isa su busar da saman. Lokacin hunturu ma haka, har ya fi, ko babu fanka.

In an ɗauke kuran, firigon da ba a buɗe ba yana riƙe sanyi kimanin awa 4, don haka a hana yara buɗe shi. Tun da safe ki tanadi ƙanƙara da kula. Ƙanƙara a ƙasa cikin ledarta, faranti a kife a kanta, robobin a sama, yadda ruwan narkewa ba zai taɓa su ba. In babu firigo babu ƙanƙara, ki bar ƙwai da kaza gaba ɗaya. Yi kokwamba, da cuku da na'ana'a, da sardin da za ki buɗe gwangwaninsa a lokacin, ki haɗa minti 30 kafin baƙi su iso. Abin da ya rage a faranti bayan baƙi sun tafi, in na ƙwai ne ko kaza ko kifi kuma ya wuce awa ɗaya a waje, kada a ajiye wa yara na dare.

Baba Mai Shayi na Zango

An yi ta maganar burodi an manta da shayi. Ƴata, shayin da za ki kawo ba irin na fada ba ne, koren ganye da ake tafasawa kan gawayi da sukari mai yawa a sha a ƙananan kofuna sau uku. Wancan yana da ɗaci da zaƙi masu ƙarfi, in mutum ya kurɓa ba zai ji ɗanɗanon kokwamba ba. Baƙin ganye ake so, Lipton ko wani na Kenya ko na Siri Lanka, kuma ba a tafasa shi a kan wuta. Ruwa sabo ya tafasa, ki ɗauraye butar shayi da ruwan zafi don ta yi ɗumi, zuba ganye ƙaramin cokali ɗaya ga kowane kofi, ko jaka ɗaya ga kofi, zuba ruwan a kai, rufe, minti 4. In ya wuce 5 ɗaci ya fito, ya riƙa kama harshe. Tace ko cire jakunkunan, sannan ki juye a filas. Kada ganye ya shiga filas.

Mutum 10, kowa kofi biyu na mililita 200, lita 4 ke nan. Yi shi sau biyu, lita 2 kowane zubi, don na biyun ya zo da zafinsa. Madara dabam, sukari dabam, kowa ya zuba yadda yake so. Cikin manyan mata ba a rasa mai ciwon suga. In madarar gari ce dama ta tun farko da ruwan ɗumi a ƙaramin jug, kada a riƙa zuba gari cikin kofi yana gudaji. In za ki ajiye yankan lemun tsami, gaya musu ko lemo ko madara, in aka haɗa madarar tsinkewa take. Wanda ya ce sai da citta da kanumfari, yi masa a buta ta biyu, yana tafiya da na kaza da na sardin.

Al'adar kanta, ana danganta ta ga Anna, matar Duke na Bedford, wani basarake na Ingila, wajen 1840. A lokacin manyan Ingila ba sa cin abincin dare sai wajen ƙarfe 8, sai ta riƙa sa a kawo mata shayi da burodi da bota da ɗan kek da yamma, daga baya ta fara gayyatar ƙawaye. Shi ya sa abin ƙarami ne, na toshe yunwa ne tsakanin rana da dare. Suna da faranti mai hawa uku: sanwici a ƙasa, wani ɗan burodi mai suna sikon a tsakiya, kayan zaƙi a sama, ana farawa da mai gishiri a ƙare da mai zaƙi. Ba sai kin sayi wannan faranti ba. Tire biyu sun isa, ki bi jerin kawai: sanwici tukuna, bayansa ki kawo alkaki ko dubulan ko cincin, da dabino. In kika ajiye su lokaci ɗaya, hannu wajen alkaki zai fara zuwa. Kuma ruwan sanyi ya riga komai isa gaban baƙo, wannan ba sai an faɗa ba.

Hajiya Mai Girkin Biki

Tanti ta yi gaskiya a kan tsumma, bi nata tsarin. Saura maganar burodi, amarya.

Baget ba ya yin wannan siffa. Ɓawonsa tauri, cikinsa ramuka, in kika cire ɓawo ba abin da zai rage, kuma wanda aka gasa da safe kafin la'asar ya fara zama itace. In shi kaɗai kika samu, canza tsari: sayi na gashin rana, yanka shi a karkace, kauri santimita ɗaya, shafa bota, ɗora haɗi a kai ki bar shi a buɗe ba murfi. Baget ɗaya yana ba da yanka 25 zuwa 30, uku sun ishe ki. Amma a buɗe haɗin yana saurin bushewa, ƙwai ya yi ɓawo a sama, don haka sai baƙi sun zauna za ki ɗora.

Burodi mai zaƙi na masu shayi ya fi baget kusa, tunda yana da kusurwa. Matsalarsa laushi da sukari. Dole ya kwana, dole ya shiga firiza minti 30 kafin yanka, kuma ki yanka shi da ɗan kauri fiye da pandami, in ba haka ba ya yage wajen shafa bota. Yana karɓar ƙwai da sardin da kaza, musamman in kin ƙara yaji kaɗan ki cire dabino daga haɗin kazar, don zaƙi kada ya yi yawa. Da kokwamba kam ba ya tafiya. In wannan burodin za ki yi amfani da shi, mayar da kala huɗun uku: ƙwai 7, kaza 7, sardin 6, ki ƙara ƙwai biyu da tsokar kaza giram 150 a kan awon da Malam Kuku ya ba ki. Kokwambar ki yanka ta dogo-dogo ki kawo a ƙaramin faranti da gishiri da lemun tsami.

Amma kafin ki haƙura da pandami, je gidan burodi tun ranar Laraba ki tambaya. Wasu suna gasa shi in an ba da oda, sai ki ce a bar miki shi ba yanka, ki karɓa ranar Juma'a da yamma.